Darasi na Goma Sha Ɗaya: Bushewar Ido da Yadda Ake Auna Jakunkunan Mai

Daga watan Disamba zuwa Fabrairu, lokacin da iskar hunturu ta sauko da hazonta, koke iri ɗaya ake ji a Shabu, kusa da Lafiya, daga bakin mutanen da sana'a ba ta haɗa su ba. Ɗan acaɓan da ke wuni a kan titin Lafiya zuwa Akwanga zai ce maka kamar an watsa masa yashi a ido. Matar da ke tsaye kan tukunyar turara shinkafa, hayaƙin itace da na ɓuntu na dukan fuskarta, za ta ce idonta yaji yake yi. Tela kuwa zai ce da zarar la'asar ta yi sai kafar allura ta riƙa ɓace masa, sai ya ƙifta sau biyu sau uku kafin ta dawo. Kowa sai ya ɗora wa ƙura laifi, ya biya kemis ya sayi maganin ɗigawa.

Ƙura tana da nata laifin. Amma me ya sa mutum biyu za su hau babur ɗaya, su sha ƙura ɗaya, wannan ya sauka lafiya lau, wancan ya kwana yana murzar ido? Sau da yawa amsar tana cikin fatar idon kanta, a wasu ƙananan jakunkunan mai da yawancinmu ba mu taɓa jin labarinsu ba. A wannan darasi za mu san waɗannan jakunkuna, mu koyi sunan awon da likitoci ke yi musu da yadda ake karanta makinsa, sannan mu ga abin da mutum zai yi da hannunsa a gida don ya tsare waɗanda suka rage masa.

Abin da ke cikin hawaye

Ko mutum ba ya kuka, idonsa a jiƙe yake dare da rana. Duk ƙiftawa ɗaya, fatar ido tana shimfiɗa siririn hawaye a kan ƙwayar ido, kuma mai lafiya yakan ƙifta sau 15 zuwa 20 a minti ɗaya ba tare da ya sani ba. Wannan shimfiɗa tana da kashi uku. A can ƙasa akwai yauƙi, wanda ke sa hawayen ya kama jikin ido. A tsakiya akwai ruwa, wanda ke fitowa daga wata jaka da ke ƙarƙashin gira ta wajen kunne. A sama kuma akwai mai, ɗan kaɗan ƙwarai, wanda ya rufe ruwan don kada iska ta busar da shi.

Saboda haka ido yana bushewa ta hanya biyu. Ko dai ruwan ya yi kaɗan tun daga tushe, ko kuma ruwan ya wadata amma man da zai rufe shi ya gaza, sai ya ƙafe kafin ƙiftawa ta gaba. Ta biyun ita ta fi yawa nesa ba kusa ba. Wani bincike da aka buga a 2012 a kan marasa lafiya a Amurka da Turai ya sami alamar matsalar mai a kashi 86 cikin 100 na waɗanda aka tantance irin bushewar idonsu. Babban rahoton da masana ido na duniya suka fitar a 2017 kuma ya nuna cewa, gwargwadon ƙasa da shekarun mutanen da aka duba, tsakanin kashi 5 zuwa kashi 50 cikin 100 na jama'a suna fama da bushewar ido.

Akwai abin da ke rikita mutane a nan. Mai bushewar ido sau da yawa idonsa zubar da ruwa yake yi, musamman in iska ta buge shi. In an ce masa idonsa ya bushe sai ya ce, ina bushewa ga hawaye har kumatu? Abin da ke faruwa shi ne, in saman ido ya ƙafe sai ya yi zafi, jiki kuma ya turo ruwa da yawa lokaci guda don ya kai ɗauki. To amma ruwa ne tsura, babu man da zai riƙe shi, sai ya kwarara ya bar idon yadda ya same shi.

Jakunkunan Maibom

Ku wanke hannu, ku tsaya gaban madubi a wuri mai haske, ku ɗan ja fatar idonku ta ƙasa da yatsa. Ku dubi bakin fatar, bayan layin gashin ido, wurin da ake zizara kwalli. In idonku na gani da kyau za ku hangi wasu 'yan ɗigo a jere. Waɗannan su ne bakunan jakunkunan. Kowane ɗigo ƙofar wata doguwar siririyar jaka ce da ke tsaye a cikin naman fatar. A fatar sama akwai kamar 30 zuwa 40, a ta ƙasa kamar 20 zuwa 30, kuma na sama sun fi tsawo. Duk lokacin da fatar sama ta sauko ta haɗu da ta ƙasa, sai a ɗan matse su, mai ya fito ya bazu.

Wani likita Bajamushe mai suna Heinrich Meibom, malami a jami'ar Helmstedt, shi ya yi cikakken bayaninsu a rubuce a shekarar 1666, shi ya sa ake kiransu da sunansa. Ana furta sunan Maibom. Ku riƙe shi, domin duk kalmomin da za mu koya a gaba daga gare shi suka fito.

Man da ke cikin jakunkunan halinsa irin na man shanu ne: in ya ji ɗumi ya narke ya gudana, in ya rasa sai ya daskare. A lafiyayyen ido zafin jiki ya isa ya narkar da shi. In jakunkunan suka kamu, man yakan yi kauri har zafin jiki ya kasa narkar da shi, fatar bakin ƙofar kuma ta yi taurin da zai toshe ta. Daga nan sai ɓarna ta fara bin mataki. Jaka tana ci gaba da yin mai, mai ya rasa hanyar fita, ya taru, ya buɗa bututun, ya danne ƙwayoyin da ke yin sa. In aka daɗe a haka sai jakar ta fara shanyewa, galibi daga can ƙarshenta mai nisa da bakin fata, tana gajarcewa har ta ɓace. Wani lokaci kuma jakar da ta toshe takan kumbura ta zama ƙullutu a fatar ido, ko ƙwayar cuta ta shige ta ta yi ja da zafi, abin da muke kira hazbiya. Wanda hazbiya ke yawan fito masa ya kamata ya sa a duba masa jakunkunan nan.

Abu mafi nauyi a cikin darasin nan shi ne wannan: jakar da ta toshe ana iya buɗe ta, amma wadda ta shanye gaba ɗaya, a sanin likitoci na yau, ba a sa ran dawowarta. Wannan ne dalilin da ya sa aka damu da a san nawa suka tafi, nawa suka rage.

Hoton da makinsa

Tunda jakunkunan a cikin nama suke, ido ba ya ganin tsawonsu. A 1977 wani likita a Faransa mai suna Tapie ya bayyana dabarar juya fatar ido a haska ta da fitila daga baya, sai inuwar jakunkunan ta fito. Dabarar ta yi aiki, sai dai fitilar tana taɓa fata, tana damun mara lafiya, kuma da wuya a ga fatar sama gaba ɗayanta. A 2008 wata likitar ido a Japan, Reiko Arita, tare da abokan aikinta, suka fito da hanyar da ta sauƙaƙa al'amarin. Suka haɗa kyamara da hasken infared, wato irin hasken nan da idon ɗan Adam ba ya gani, wanda rimot ɗin talabijin ke aiki da shi. Mara lafiya zai ɗora haɓarsa a kan na'ura, likita ya juya fatar idon da yatsa ko da ɗan tsinke mai auduga, a ɗauki hoto. Babu allura, babu yanka, na'urar ba ta ma taɓa ido, kuma cikin 'yan mintoci an gama.

Sunan wannan ɗaukar hoto maibogirafi. A cikin hoton, lafiyayyun jakunkuna suna fitowa farare, dogaye, a jere kusa da juna, daga bakin fata har can ciki. Inda jaka ta shanye sai a ga duhu. A wani idon za ka ga jakunkunan sun tsaya a rabin hanya, a wani sun karkace, a wani kuma gefe guda duhu ne ɗungurungum.

To, likita ba zai tsaya a cewa "sun ragu da ɗan dama" ba, domin ɗan daman wannan likita ba shi ne na wancan ba, kuma in mara lafiya ya dawo bayan shekara ba a san da me za a gwada ba. Sai Arita da mutanenta suka sa wa abin maki. Wannan maki shi ake kira maibosko, kuma shi ne kalmar da wannan darasi ya ginu a kanta: makin da ke nuna yawan jakunkunan man da fatar ido ta rasa.

Lissafinsa da sulusi ake yi, abin da duk wanda ya taɓa zama wurin rabon gado ya sani. Likita zai dubi filin da ya kamata a ce jakunkuna sun cika, ya ƙiyasta nawa ne ya koma duhu. In babu abin da ya ɓace, maki 0 ne. In abin da ya ɓace bai kai sulusi ba, maki 1. In ya kama daga sulusi zuwa sulusi biyu, maki 2. In ya haura sulusi biyu, maki 3. Ana ba fatar sama makinta, a ba ta ƙasa nata, sannan a haɗa. Ke nan kowane ido makinsa yana tsakanin 0 da 6. Ku lura da kyau, wannan ba irin makin jarrabawa ba ne. A nan ƙaramar lamba ita ce abin so.

Mu gwada. A ce a idon dama na wani mutum, rabin filin fatar sama ya yi duhu. Rabi ya fi sulusi, bai kai sulusi biyu ba, saboda haka maki 2. A fatar ƙasa kuma jaka biyu ko uku ne kawai suka gajarce, bai kai sulusi ba, maki 1. In an haɗa, idon dama yana da 3 cikin 6. Idon hagu a yi masa nasa lissafin daban, domin idanu biyu na mutum ɗaya ba lallai su zo daidai ba.

Akwai ma'auni na biyu da ake yawan amfani da shi, wanda wani masanin awon ido a Jamus mai suna Heiko Pult ya tsara bayan 'yan shekaru. Shi da rubu'i yake aiki, kuma matakansa biyar ne. Mataki 0, babu asara. Mataki 1, asarar ba ta wuce kashi 25 cikin 100 ba. Mataki 2, daga 26 zuwa 50. Mataki 3, daga 51 zuwa 75. Mataki 4, sama da 75. Bambancin yana da tasiri a aikace. Fatar idon da ta rasa kashi 60 cikin 100, a ma'aunin Arita maki 2 ce, domin 60 bai kai sulusi biyu ba, amma a na Pult mataki 3 ce. Wanda aka auna shi a asibiti ɗaya da wannan, aka sake auna shi a wani da wancan, zai iya ɗaga hankalinsa a banza, ya zaci ciwon gaba ya yi alhali yana nan inda yake. Don haka in an faɗa muku lamba, ku tambaya: cikin nawa?

Karatu: a ɗakin likita

Ku karanta wannan misali da murya, mutum biyu-biyu, ɗaya ya zama dattijo manomin riɗi, ɗaya ya zama likita.

"Sannu da zuwa, Baba. Me ke damun idon?"

"Yauwa, Likita, sannu da aiki. Wallahi da safe in na tashi sai in ji fatar ta manne. Da rana kuma yaji, ga ruwa na zuba."

"Tun yaushe?"

"An kwana biyu. Tun kafin mu kaɗe riɗin bara."

"To, Baba, ɗora haɓarka a nan. Dubi ƙasa. Zan juya fatar, ba zafi. Madalla. Ga hoton, duba. Ka ga waɗannan fararen layukan? Su ne masu ba idonka mai. Nan kuma da ya yi duhu, sun tafi. Wannan idon naka uku ne cikin shida."

"Subhanallahi. Makancewa zan yi ke nan, Likita?"

"A'a, Baba, kwantar da hankalinka. Wannan ba shi ne hawan jinin ido ba, ba kuma yana ba ce. Fiye da rabi suna nan. Da na matsa su, man ya fito da kauri, wato toshewa suka yi, kuma toshewa tana da magani. Aikin da ke gabanmu shi ne kada waɗannan su bi waɗancan."

"To me za a ɗiga?"

"Zan rubuta maka na ɗigawa, amma babban aikin a hannunka yake, da tsumma mai tsabta da ruwan ɗumi."

Abin da lambar ba ta faɗa

Maibosko yana ƙirga abin da ya ɓace ne kawai. Ba ya faɗin ko jakunkunan da suka rage suna aiki, ba ya kuma auna zafin da mutum ke ji. Ana samun mai maki 4 yana harkarsa ba ya kukan komai, ana samun mai maki 1 da ya kasa karatu saboda jakunkunansa suna nan a hoto amma duk a toshe suke. Shekaru ma suna da nasu rabon. A binciken 2008 ɗin nan, Arita ta auna mutum 236 masu lafiyar ido, daga ɗan shekara 4 har ɗan shekara 98, ta ga makin yana hawa yadda shekaru ke hawa. Maki 2 a idon ɗan shekara 70 ba abin mamaki ba ne. Maki 2 a idon ɗan shekara 20 abin a tsaya a bincika ne. A wani aikin da suka buga a 2009, sun ba da shawarar a zargi ciwon toshewar jakunkuna in makin ya kai 3, amma a haɗa shi da koken mara lafiya da kuma yanayin bakin fatar idonsa.

Na'urar ɗaukar hoton nan ba kowane asibiti ke da ita ba, kuma ina so mai karatu ya ji wannan da kyau: rashinta ba ya hana a gano ciwon, ba ya hana a fara magani. Likitan ido yana da madubin nan mai fitila da ake ɗora haɓa a kai. Da shi zai ga ko bakunan jakunkunan sun toshe, ko bakin fatar ya yi ja ya yi kauri. Zai matsa fatar a hankali ya ga abin da zai fito: mai garau, ko gurɓataccen mai, ko farin abu mai kauri a dunƙule, ko babu komai. Zai iya ɗiga wani rini rawaya, ya kunna shuɗin haske, ya ce kada a ƙifta, ya ƙirga daƙiƙa nawa shimfiɗar hawayen za ta yi kafin ta tsage. In ba ta kai daƙiƙa 10 ba, hawayen ba ya zama. Akwai kuma gwajin da Otto Schirmer ya kawo tun 1903, inda ake rataya 'yar siririyar takarda a fatar ƙasa na minti 5 a ga iya inda ta jiƙe, don a san ko ruwan ne ya yi kaɗan. Wanda duk aka yi wa waɗannan an duba shi da kyau, ko ba a ba shi lamba ba.

Abin da ke cin jakunkunan

Wasu dalilan ba a hannunmu suke ba. Tsufa na ciki, haka nan canjin da jikin mace ke yi bayan ɗaukewar al'ada. Masu ciwon suga da masu wasu cututtukan gaɓoɓi sun fi kamuwa da bushewar ido. Wasu magunguna ma suna taɓawa: ƙwayar isotiretinoyin da ake sha don ƙurajen fuska tana shanyar da jakunkunan mai, magungunan mura da ƙaiƙayi masu sa barci suna rage hawaye, kuma maganin hawan jinin ido da ake ɗigawa shekara da shekaru yana iya busar da ido. Wannan na ƙarshe kada kowa ya daina shi da kansa, domin shi ke tsare masa gani. A gaya wa likita ya san yadda zai yi.

Hunturu da hayaƙin murhu da ƙonar daji da fanka mai bugun fuska suna saurin ƙafar da hawaye, shi ya sa wanda mansa ya riga ya yi ƙaranci yake fin kowa shan wuya a rani. Wayar hannu kuwa ta wata hanya take ɓarna. Mai kallon waya ƙiftawarsa raguwa take yi ƙwarai, wadda yake yi ɗin ma sau da yawa rabi ce, fatar sama ba ta kaiwa ta ƙasa, jakunkunan ba sa matsuwa, man ya zauna. A 2018 likitoci a jami'ar Duke ta Amurka sun ɗauki hoton fatar idon yara 99 'yan shekara 4 zuwa 17, suka sami alamar shanyewar jakunkuna a kashi 42 cikin 100. Iyayen da ke miƙa wa yaro waya don ya yi shiru su san da wannan.

Sai maganar kwalli, wadda dole a yi ta cikin girmamawa, domin ado ne na iyaye da kakanni kuma mutane da yawa suna sa shi da niyyar bin sunna. Matsala biyu ce. Ta farko, wurin da ake zizara shi, wato bakin fata ta ciki, daidai kan ƙofofin jakunkunan yake. Wanda ya riga ya kamu da toshewa, ya kamata ya mayar da kwallinsa wajen layin gashin ido, ya kuma wanke shi kafin barci. Ta biyu ta fi girma: kwallin dutse da ake sayarwa a kasuwa sau da yawa dalma ce. A 2011 an sami gubar dalma a jinin wani jariri ɗan asalin Najeriya a birnin Boston na Amurka, da aka auna kwallin da ake sa masa aka tarar fiye da kashi 80 cikin 100 dalma ne. Mun ga abin da dalma ta yi wa ɗaruruwan yara a Zamfara a 2010, duk da cewa waccan daga haƙar zinariya ta fito. Ra'ayina a nan ba ɓoyayye ba ne: kada a sa wa jariri kwallin da ba a san abin da ke cikinsa ba, kuma kada gida guda su riƙa karɓa-karɓa da mazizari ɗaya.

Gashi da ruwan ɗumi

Ga aikin da likitan cikin karatunmu yake nufi. A wanke hannu da sabulu. A samo tsumma mai tsabta wanda ba a komai da shi sai wannan. A tsoma shi a ruwan ɗumi, a matse, a gwada a bayan hannu. Zafin da ake so kamar digiri 40 ne, wato ɗumin da fata ke jin daɗinsa, wanda ba ya sa a janye hannu. A rufe ido a ɗora. Tsumma yakan huce cikin minti ɗaya ko biyu, musamman da sanyin hunturu, don haka a ajiye kwanon ruwan a kusa ana sake tsomawa har a cika minti 5 zuwa 10. A nan mutane da yawa ke yin sakaci, su ɗora sau ɗaya su tashi, man bai ko fara narkewa ba.

Da an cire tsumman, tun fatar na da ɗumi, a sa yatsa a shafa ta a hankali zuwa wajen gashin ido: ta sama a shafo ƙasa, ta ƙasa a shafa sama. Ba a danna ƙwayar ido. Sannan a goge bakin fatar da gefen tsumman mai tsabta don a kwashe abin da ya fito. A yi haka sau biyu a rana da farko. Wanda ya ɗaura shi da bayan sallar asuba da bayan lisha ba zai manta ba. Sauƙi ba ya zuwa rana ɗaya, yakan ɗauki makonni, kuma in an samu aka daina, toshewar tana iya dawowa. Wanda idonsa ya yi ja yana fitar da mugunya, ko ya ji rauni, ko ba a daɗe da yi masa aiki ba, kada ya gasa sai likita ya ce.

Ɗan acaɓa ya nemi tabarau mai rufe gefe ko hular kwano mai gilashi. Mai aiki kan murhu ta zauna ta inda iska ke kore hayaƙi. Tela da mai waya da mai kwamfuta, duk bayan minti 20 su ɗaga kai su dubi abu mai nisa na daƙiƙa 20, su rufe ido ruf sau da dama.

Game da na ɗigawa, wanda ya dace da bushewa shi ne hawayen roba, wato ruwan da aka haɗa don ya jiƙa ido kawai. Wanda zai ɗiga fiye da sau 4 a rana ya nemi irin wanda ba a sa masa sinadarin hana lalacewa ba, domin sinadarin kansa yana cin saman ido in ya yi yawa. Babban haɗari shi ne magungunan ɗigawa masu sitiroyid, irin su dezametazon. Suna kwantar da ja da ƙaiƙayi nan take, shi ya sa ake son su, amma wanda ya daɗe yana ɗiga su ba da sanin likita ba suna iya jawo masa hawan jinin ido da yana, kuma ganin da hawan jinin ido ya ɗauke ba ya dawowa. Ruwan nono, ruwan sukari, ruwan batir, fitsari, ruwan ganye, babu wanda ya kamata ya shiga ido ko ɗigo ɗaya. In gashi da hawayen roba ba su wadatar ba, likita na iya rubuta ƙwayoyi irin su dokzisaikilin don su gyara man, amma wannan ba a ba mai ciki ko ƙaramin yaro.

Akwai alamun da ba na bushewa ba ne, waɗanda ba a jira da su: ciwo mai tsanani, raguwar gani wadda ƙiftawa ba ta gyara ta, farin tabo a kan baƙin ido, kasa kallon haske, ko ƙullutun da ke ta dawowa wuri ɗaya a fatar idon dattijo yana zubar da gashin wurin. Yaron da idonsa ya bushe kuma yana dundumi da magariba, wataƙila ƙarancin bitamin A ne, a kai shi asibiti a ranar. Mutumin Shabu yana da sashen ido kusa da shi a cikin Lafiya, a asibitin da kowa ya sani da sunan Dalhatu Araf. Akwai kuma Cibiyar Lafiya ta Tarayya a Keffi. In al'amarin ya buƙaci a tura mutum gaba, akwai Cibiyar Ido ta Ƙasa a Kaduna da asibitin ido na ECWA a Kano. Mai zuwa ya tafi da duk kwalaben da yake ɗigawa, har da waɗanda suka ƙare, ya nuna wa likita.

Aiki

1. Wata mata an ɗauki hoton idonta na hagu. Fatar sama ta rasa kashi 70 cikin 100, ta ƙasa ta rasa kashi 40. Nawa ne makinta cikin 6 a ma'aunin Arita? Kowace fata kuma mataki na nawa take a ma'aunin Pult?

2. Maƙwabcinku ya ce idonsa ba zai yiwu ya bushe ba tunda kullum ruwa yake zubarwa. Ku rubuta jimla huɗu da za ku yi masa bayani da su.

3. Ku zauna biyu-biyu. Ɗaya ya ƙirga ƙiftawar abokinsa na minti ɗaya suna hira, sannan ya sake ƙirgawa yayin da abokin ke karanta saƙo a waya. Ku rubuta lambobin biyu a allo, ku gwada da na sauran ajin.

4. A gida, ku zuba ruwa cokali biyar a faranti biyu masu girma ɗaya. A ɗaya ku zuba man gyaɗa har ya rufe saman ruwan gaba ɗaya, ɗayan ku bar shi haka. Ku ajiye su a rana wuri ɗaya tun da safe, inda kaji ba za su kai ba, ku duba da azahar da kuma la'asar. Ku zo aji mako mai zuwa da abin da kuka gani a rubuce.